Babi na Shida: Hagane, Ninjan da Ya Iso Kasuwa Ana Tashi

Daga cikin wasannin bidiyo sama da 700 da aka buga wa na'urar Super Nintendo a ƙasar Amurka, tun daga fitowarta can a shekarar 1991 har zuwa ranar da aka daina yi mata sababbi, akwai 'yan ƙalilan waɗanda a zamaninsu ba wanda ya ɗaga ido ya dube su, kamfanoninsu ba su kashe kuɗin kirki wajen tallarsu ba, yara kuma ba su yi wa iyayensu kuka a saya musu ba, amma yau, bayan shekara 30, sun zama abin da magidanta masu furfura ke tsere a kai wajen gwanjo. In kuwa aka ce wa masana wannan fanni su lissafo irin waɗannan, da wuya su yi nisa ba su ambaci Hagane ba. Wasa ne na ninja da aka yi a Japan, kamfanin Hudson Soft ya fitar da shi a can ranar 18 ga Nuwamba, 1994, sa'an nan aka kai shi Turai da Amurka a 1995, inda aka ƙara masa laƙabin The Final Conflict. Abin da nake so mu bincika a wannan babi shi ne sababin ƙarancinsa, domin labarin da ya fi yawo a bakin mutane game da haka yana da daɗin ji ƙwarai, sai dai isnadinsa ba ya tsayawa da ƙafafunsa.

Mai karatun da ya tashi a zamanin gidajen kallo da finafinan Chanis ya san ninja da baƙaƙen kaya, fuska a rufe, takobi a goye, yana jefa wani abu ƙasa ya ɓace cikin hayaƙi. Na tarihi bai kai haka ado ba. 'Yan leƙen asiri ne da sojojin haya, galibinsu daga yankunan Iga da Koga masu duwatsu, waɗanda sarakunan yaƙin Japan suka riƙa ɗauka aiki a ƙarni na 15 da na 16, lokacin da ƙasar ta tsattsage, kowane basarake yana yaƙar maƙwabcinsa. Aikinsu satar labari, da cinna wuta, da haura ganuwa cikin dare, har Oda Nobunaga ya murƙushe mutanen Iga a 1581. Da zaman lafiya ya samu a ƙarƙashin gidan Tokugawa, sai masu ba da labari da 'yan wasan kwaikwayo suka gaji sunan, suka ɗora masa tsafi da layar zana, daga nan ya shiga littattafai da finafinai, ya gangaro har wasan bidiyo, inda Sega ta yi Shinobi a 1987, Tecmo ta biyo da Ninja Gaiden a 1988, wasu kuma suka yi ta kwaikwayo ba adadi. Kafin 1994 ninja ya zama ruwan dare a wannan kasuwa, har ya fara gundurar masu saye.

Ƙissar Hagane kanta gajeriya ce. An ɗora wa ƙabilar Fuma amanar wani ƙoƙo mai tsarki wanda aka ce yana da ikon hallaka duniya, sai ƙabilar Koma ta afka musu, ta karkashe su, ta yi awon gaba da ƙoƙon, ba wanda ya saura sai wani saurayi mai suna Tsurugi, shi ma rai a hannun Allah. Sai wani tsoho da ake kira Momochi ya ɗauki ƙwaƙwalwarsa, wadda ita kaɗai ta tsira, ya dasa ta cikin gangar jiki ta ƙarfe, ya tashe shi da sabon suna domin ya je ɗaukar fansa. Sunayen aro ne daga tarihi, gama Fuma Kotaro shi ne shugaban 'yan sari-ka-noƙen da suka yi wa gidan Hojo na Odawara hidima, Momochi kuwa sunan ɗaya daga cikin manyan Iga ne. Shi ƙoƙon daga almarar Kiristocin Turai aka ɗebo shi, marubutan Japan kuwa ba su jin nauyin irin wannan gauraye. Ba don ƙissar ake son wasan ba, saboda haka ba za mu daɗe a kanta ba.

Abin da ya fifita shi tun daga kallon farko shi ne zane. Wanda ya tsara siffar Hagane da maƙiyansa shi ne Keita Amemiya, mai zane kuma mai shirya fim, wanda ya yi Mirai Ninja a 1988 da Zeiram a 1991, daga baya kuma ya ƙirƙiro Garo a 2005; hannunsa sananne ne, domin yana da sha'awar ɗauko sulken samurai da fuskokin gumakan haikali da rufin gidajen dā, ya cusa musu bututu da waya da bakin bindiga, har mutum ya rasa ko abin da ke gabansa na shekara 500 da suka wuce ne ko na 500 masu zuwa. Aikin ginin wasan kuwa wani ƙaramin kamfani ne mai suna CAProduction ya yi shi, wanda mutanensa suka ƙware tun da farko wajen wasannin harbi masu sauri, kuma ana ganin wannan tarbiyya a cikin Hagane, inda abokan gaba ke fitowa a jere kamar an auna su da ma'auni. Shi Hudson, wanda ya ɗauki nauyin bugawa, ba ƙaramin gida ba ne: 'yan'uwa biyu, Yuji da Hiroshi Kudo, suka kafa shi a birnin Sapporo a 1973, shi ne mai Bomberman da Adventure Island, kuma da shi kamfanin NEC ya haɗa kai suka fitar da na'urar PC Engine a 1987.

To, ga yadda abin yake in mutum ya riƙe hannun na'urar ya fara. Hagane yana ɗauke da makami 4, takobi, da sarƙa mai ƙugiya, da wuƙaƙen jifa, da gurneti, ana sauya su da maɓalli guda a tsakiyar faɗa ba tare da tsayawa ba. Takobi da sarƙa ba su ƙarewa, na jifa kuwa ƙidayayyu ne, sai an tsinta daga gawar maƙiyi. Yana sulalewa a ƙasa, yana manne wa rufi, yana dukan bango da ƙafa ya koma sama. Amma ruhin wasan yana kan maɓallai biyun nan na kafaɗa, L da R, waɗanda manuniya ke kwanciya a kansu: in ka danna ɗaya, sai ya yi alkafura zuwa wannan gefen, in ka riƙe sai ya ci gaba da yi, kuma irin harin da zai kai in ka danna maɓallin sara ya danganta ga yawan alkafurar da ya riga ya yi, na bayan guda yana da ƙarfi, na bayan biyu ya fi shi, na bayan uku kuwa shi ne mai rusa babban maƙiyi cikin ɗan lokaci. Hikimar da ke ciki ita ce, alkafura uku tana bukatar fili da lokaci, wasan kuwa rowar su biyun yake yi, saboda haka kullum mai wasa yana cikin lissafi, ko ya yi haƙuri da ƙaramin hari mai aminci, ko ya yi kasada ya nemi babba, ya faɗa rami ko ya ci karo da harsashi. Bugu 3 ke kashe shi a farkon tafiya. Wasan babi 5 ne gaba ɗaya, kowanne an yanka shi zango-zango, wanda ya ƙware zai gama cikin sa'a guda ko ƙasa da haka, amma kafin ya kai ga ƙwarewar sai ya mutu har ya gaji da ƙirga. Yaron da ya ɗauka na kwana biyu, ba wanda ya nuna masa sirrin alkafura, zai mayar da shi yana cewa wasan mugu ne, kuma ba a ce ya yi ƙarya ba.

Yanzu sai mu dubi ranar fitowarsa da kyau, domin a nan illar take. An fitar da shi 18 ga Nuwamba, 1994. Bayan kwana 4, watau 22 ga wata, Sega ta fitar da sabuwar na'urarta Saturn. Ranar 3 ga Disamba Sony ta fitar da PlayStation. A cikin wannan watan na Nuwamba kuma Nintendo da kanta ta saki Donkey Kong Country, wanda ya cinye ɗan abin da ya rage na hankalin masu tsohuwar na'ura, har aka sayar da sama da miliyan 9. Duk mujallu da 'yan kasuwa da yara maganar siffofi masu kauri da zurfi suke yi, waɗanda ake iya zagaya su a gani ta kowace fuska, shi kuwa Hagane zanen shimfiɗe ne irin na dā, mai tafiya daga hagu zuwa dama. A Amurka ma haka ya taras, ko fiye: Saturn ta riga shi isa a watan Mayu na 1995, PlayStation tana tafe a Satumba, kowa yana tara kuɗinsa dominta. Ya zama kamar fatake ne da suka sha tafiya da kaya masu kyau, suka iso kasuwa ana naɗe tabarmi. Bugu da ƙari, reshen Hudson na Amurka shi kansa yana kan gargara, gama kafin shekarar 1995 ta ƙare ya sayar wa kamfanin Acclaim haƙƙin wasannin da bai riga ya fitar ba, aka rufe shi.

Wajibi ne kuma mai karatu ya san yadda ake buga kaset a wancan zamani, domin ba kamar faifai ba ne. Kamfanin da ya yi wasa ba shi da ikon buga kaset ɗinsa yadda ya ga dama. Ta hannun Nintendo ake bi, a faɗi adadin da ake so, a biya kuɗi tun kafin a ga kaya, sa'an nan a jira watanni, domin wasan ana sassaƙa shi ne a cikin ƙwayar lantarki tun daga masana'anta, ba a gogewa, ba a sake rubutawa. In ka yi odar da yawa ba a saya ba, hasarar taka ce kai kaɗai. In ka yi kaɗan ya karɓu, kafin bugu na biyu ya iso an manta da shi. Faifan PlayStation kuwa kuɗin buga shi bai taka kara ya karya ba, kuma cikin 'yan kwanaki ake ƙarowa. Duk ɗan kasuwar da ke da hankali, yana riƙe da wasan ninja mai wuya, wanda ba a san sunansa ba, na na'urar da rana ke faɗuwa a kanta, ga shi kuma yana shirin rufe shago, ba zai yi odar da ta wuce kaɗan ba. A ganina wannan kaɗai ya isa ya bayyana ƙarancin Hagane, ba a bukatar wani sirri.

Amma mutane ba su son dalili maras gishiri, saboda haka sai wata riwaya ta taso, ta yaɗu har ta zama mashhuriya, cewa wai ba a taɓa sayar da Hagane a kanti ba a Amurka, haya kawai ake bayarwa a shagunan Blockbuster. Riwayar ta samu karɓuwa ne domin tana kama da gaskiya. Blockbuster, wanda aka kafa a Dallas a 1985, ya cika Amurka da shagunan hayar finafinai da wasanni, Nintendo ta yi ƙoƙarin hana shi har ta kai shi kotu a 1989 a kan kwafar littattafan bayani, amma dokar da majalisar Amurka ta yi a 1990 ta hana hayar manhajar kwamfuta ta bar wasannin na'ura a waje. Kuma tabbas akwai wasannin da aka keɓe wa shagunansa, kamar Final Fight Guy da ClayFighter: Sculptor's Cut. Har ila yau, kaset da yawa na Hagane da ke hannun mutane suna ɗauke da tambarin shagon haya a manne. Sai dai in aka bi riwayar a baya, daga wanda ya faɗa zuwa wanda ya faɗa masa, kullum a kan "an ce" take tsayawa, alhali kuwa akwai mutanen da suka shaida sun saye shi sabo a kantunan wasanni na yau da kullum. Abin da ya fi kusa da hankali shi ne, da yake adadin kaɗan ne, shagunan haya kuwa sukan sayi kusan duk abin da ya fito, sai kaso mai tsoka ya faɗa hannunsu, yara da yawa ba su taɓa ganinsa ba sai a can, suka girma suna zaton can kaɗai yake. Shahara dabam, inganci dabam, kamar yadda ɗaliban hadisi suka sani tun daga darasin farko. Amma mai sayarwa ba shi da wata maslaha a cikin gyara riwayar da ke ƙara wa hajarsa daraja.

Shagunan hayar sun yi wata ɓarnar kuma, wadda ita ce ta gaskiya. Kwalin wasannin Super Nintendo na takarda ne, mai saurin lanƙwasa, shagon haya kuwa yakan yanka shi ko ya jefar, ya sa kaset cikin robarsa, littafin bayani ya yage a hannun yara, a manna wa kaset takardu, a rubuta masa lamba da alƙalamin da ba ya gogewa. Shi ya sa kaset tsirara ya daɗe da wuce dala 500, a wasu shekaru ya kai wajen 1,000, wanda kuwa ya zo cikakke da kwalinsa da littafinsa ana maganar dubbai ne, alhali sabon wasa a 1995 dala 60 zuwa 70 ne galibi. A Japan kuwa, inda doka ta ba kamfanonin wasa ikon hana hayar kayansu tun 1984, suka kuma hana, wanda ya saya nasa ne, yakan adana har da kwali, ya sayar wa shagon tsofaffin kaya in ya gama. Bugun Japan ya fi araha nesa ba kusa ba, ko da yake shi ma ya tashi, kuma wasan ɗaya ne, rubutun da ke ciki bai kai ya hana wanda bai iya Japananci ba bugawa; hasali ma na'urar Amurka tana karɓar kaset ɗin Japan in aka cire wasu 'yan haƙoran roba biyu da ke cikin ramin. Wannan ya nuna cewa mai biyan dala 1,000 takardar da ke manne a gaba yake saye.

Inda kuɗi ya taru kuwa, nan masu algus ke sauka. Jabun Hagane ya cika intanet, wasu ana faɗin gaskiyarsu a sayar da su a kan ɗan abin da bai kai ya kawo ba, wasu kuwa tadlisi ne tsantsa, an samo robar tsohon kaset na wani wasa maras daraja, an ɓare takardarsa, an manna ta Hagane. Masu tara kaya suna da hanyar tahƙiƙi: su juya bayan kaset su karkata shi ga haske, domin na asali yana da 'yar lamba da aka danna cikin takardar baya, ana jin ta da farce, sa'an nan su kwance kusoshin nan biyu masu kai irin na tauraro, waɗanda sukudireban gida ba ya kamawa, su dubi koren farantin da ke ciki, ko yana ɗauke da sunan Nintendo, ko ƙwayar da ke kansa ta masana'anta ce mai lambar wasan, ko kuwa sabuwa ce an liƙa ta da dalma da 'yan wayoyi. Mai sayarwar da ya ƙi a buɗe ya riga ya ba da amsa. Abin mamaki, wannan ba shi ne karo ɗaya da hakan ta faru da aikin CAProduction ba, domin wasansu na harbi mai suna Sapphire, wanda Hudson ya fitar wa PC Engine a 1995 lokacin da ita ma take kan gaɓar mutuwa, ya yi ƙaranci, ya yi tsada, an kuma yi jabunsa da gwaninta har ya ruɗi ƙwararru.

Farashin Hagane ya fara hawa sosai ne a farkon shekarun 2010, lokacin da yaran 1995 suka zama masu albashi, masu nuna tsofaffin wasanni a YouTube kuma suka yi ta yabonsa a matsayin ɓoyayyar taska. Daga baya guguwa ta kama kasuwar gaba ɗaya: a watan Yuli na 2021 aka yi gwanjon The Legend of Zelda wanda ba a taɓa buɗewa ba a kan dala 870,000, bayan kwana 2 aka sayar da Super Mario 64 a kan dala miliyan 1.56, wasan da aka buga miliyoyinsa. Mutane da yawa sun yi shakkar wannan hauhawa, har aka shigar da ƙara a Amurka a 2022 bisa zargin cewa da gangan aka hura farashi, wanda malaman fiƙihu suka daɗe da sanin irinsa a babin ciniki da sunan najashi. Zargi dai zargi ne, amma farashin irin waɗannan kaya ya sauko ƙwarai daga baya. Hagane aƙalla ƙarancinsa na haƙiƙa ne.

In aka tambaye ni hukuncinsa a matsayin wasa, sai in ce mai kyau ne ƙwarai, yana cikin na gaba-gaba a irinsa a kan Super Nintendo, amma ban ga ya fi Shinobi III na Sega ba, wanda ya fito a 1993, aka buga shi da yawa, aka kuma yi ta sake fitar da shi har yau ana samunsa a kan kuɗi kaɗan. Tsadar Hagane ta jawo masa yabon da ya wuce kima daga waɗanda suka saya, domin da wuya mutum ya zuba dukiya a kan abu sa'an nan ya kushe shi, ta kuma jawo masa suka daga waɗanda suka zo da tsammanin mu'ujiza suka taras da wasan sa'a guda. Abin da ya fi damuna shi ne hanyar halal ta buga shi ta ƙuntata. Kamfanin Konami ya haɗiye Hudson a watan Maris na 2012, ya gaji dukiyarsa. Wani bincike da gidauniyar Video Game History Foundation ta fitar a 2023 kuwa ya nuna cewa kashi 87 cikin 100 na wasannin da aka fitar a Amurka kafin 2010 ba a sayar da su a lokacin ta kowace hanya, sai dai tsoho a hannun wani. Ba kuwa don abin ya gagara ba ne, gama akwai wani wasan ninja na Hudson mai suna Ninja Five-O, wanda ya fito a kan Game Boy Advance a 2003, shi ma ya yi ƙaranci ya yi tsada, Konami ya sake fitar da shi a kan na'urorin zamani a watan Fabrairu na 2025, kowa ya samu. Hagane kuwa, har zuwa ranar da aka kai wannan littafi maɗaba'a, ba a yi masa wannan gata ba.